Katun da Tseren Makamai a Zamanin Yaƙin Cacar Baka

A farkon shekarun 1950 gwamnatin Amurka ta yi amfani da katun don kwantar wa yara hankali: a fim ɗin Duck and Cover, wani kunkuru mai suna Bert ne ke koya musu su duƙa su rufe kai idan bam ɗin nukiliya ya fashe. Masu zanen ba'a suka mai da wannan salon makamin sukar gwamnatoci, kuma a ganina sun fi 'yan siyasa gane ciwon, domin sun nuna yadda ƙaramin abu ke kumbura. A Neighbours na Norman McLaren, wanda aka yi a Kanada a 1952 ana tsakiyar yaƙin Koriya, fure guda ya tsiro tsakanin gidajen maƙwabta biyu. Rigima ta tashi kan furen, aka kafa shinge, aka zare katakon shingen aka bugi juna, har duka biyun suka mutu, katakon ya koma kewayen kaburburansu.

Wani zai ce ai katun bai taɓa sauke makami mai linzami ko ɗaya ba, kuma tsoron da rikicin makamai masu linzami na Kuba ya jefa a zukata ne ya kawo yarjejeniyar taƙaita gwajin nukiliya ta 1963. Haka ne, amma ba nan aikin katun yake ba. Aikinsa fito da maganar tseren makamai daga ɗakin janar-janar zuwa bakin talaka. The Hole na John da Faith Hubley, na 1962, ya ɗora muhawarar a kan leburori biyu cikin ramin gini, ɗaya da muryar mai busa ƙaho Dizzy Gillespie, suna gardama ko kuskure kaɗai zai iya tayar da yaƙin nukiliya. Ya ci Oscar a 1963.