Hatimi da Taurari: Littafin Wani Bakatsine da Gadon Malaman Adar

Duk wanda ya taɓa zama a zauren malami a Barmu ko a ƙauyukan arewacin Adar, da wuya a ce bai ga wani ɗan zane mai gida tara ba, a kan allo ko a takardar da za a naɗe a yi laya. Sunansa hatimi. Masu karɓarsa ba su cika tambayar asalinsa ba, ƴan lakwal kuma kallon tsibbu kawai suke yi masa. Alhali kuwa zanen ya fito daga wani tsohon ilimi na fasalin duniya, wanda ɗaya daga cikin manyan marubutansa ɗan ƙasar Hausa ne.

Sunan malamin Muhammadu ɗan Muhammadu al-Fulani al-Kashnawi, wato Bafillacen Katsina. Bayan ya ƙoshi da karatu a ƙasashen Sudan, sai ya kama hanyar hajji, daga bisani ya zauna a Alƙahira. A wannan zama na gabas ya rubuta littattafan da suka fito da sunansa: Bahjatul Afaƙ, a kan haruffa da hatimai, wanda ya kammala a 1732, da kuma Durrul Manzum, a kan taurari da ɗalasimai, inda ya taƙaita Sirrul Maktum na Fakhruddin Razi, malamin da ya rasu a 1210. Ya cika a Alƙahira a 1741, a gidan Hasan al-Jabarti, masanin falaki, kuma ɗan mai gidan, Abdurrahman al-Jabarti, ya sanya shi cikin littafinsa na tarihin Masar.

Duniyar da waɗannan littattafai suke zanawa tana da tsari hawa-hawa. Ƙasa tana tsakiya, sammai suna kewaye da ita, taurari bakwai masu tafiya kuma kowane da falakinsa: Wata, Uɗarid, Zahra, Rana, Mirrihu, Mushtari da Zuhal. Sama da su akwai buruji 12. Wata yana da masauki 28, haruffan Larabci su ma 28 ne, kowane harafi da adadinsa da ɗabi'arsa, ta wuta ko ta iska ko ta ruwa ko ta ƙasa. Ga masu wannan ilimi, dacewar ba ta banza ba ce: abin da ke sama yana da inuwa a ƙasa, harafi da adadi kuwa su ne igiyar da ta haɗa su.

Hatimi mai gida tara ya isa misali. Ana jera lambobi daga 1 zuwa 9: a layin farko 4, 9, 2; a na biyu 3, 5, 7; a na uku 8, 1, 6. Ta ko'ina aka tara, a tsaye ko a kwance ko a karkace, 15 ake samu, jimillar gidajen duka kuma 45. To, a lissafin abajada sunan Hawwa'u 15 yake bayarwa, na Adamu 45. Malamin asiri yana ganin uwa da uban bil'adama a cikin zanen, malamin lissafi yana ganin ƙa'ida. Al-Kashnawi ya riƙe duka biyun, domin ya bayyana hanyoyin gina hatimai masu gidajen da ba su rabuwa biyu, irin uku-uku, biyar-biyar da bakwai-bakwai, waɗanda har gobe suna aiki ga duk wanda ya gwada su da alƙalami.

Wannan ilimi bai taɓa rasa masu suka ba. Tun da daɗewa malaman shari'a suka raba shi gida biyu: duban taurari don sanin lokaci da alƙibla da shigowar damina, wanda suka halatta, da kuma da'awar sanin gaibu ko sarrafa mutane, wadda suka hana. Kashi na farko shi ya shiga rayuwar manoma. Masaukan nan 28, kowane da kwana 13, in aka ƙara kwana ɗaya sun cika 365, kuma da su malamai suke ƙirga bazara da damina da kaka da ɗari, taurari bakwai ga kowane lokaci. A ƙasa irin ta Barmu, inda ruwa kan yi jinkiri, shuka kuma kan ƙone in an yi gaggawa, sanin fitowar Kaza da ƴaƴanta magana ce ta hatsi a rumbu.

Ita ma Adar ba baƙuwa ba ce ga hanyar da Bakatsinen ya bi. Malam Jibrilu ɗan Umaru, malamin Shehu Usmanu ɗan Fodiyo, ɗan wannan yanki ne, kuma shekaru arba'in da ƴan kai bayan rasuwar al-Kashnawi ya zauna gaban Murtala az-Zabidi a Alƙahira, ya karɓi ijaza. Ta irin waɗannan tafiye-tafiye littattafai suka riƙa shigowa cikin gafakar alhazai, almajirai suna kwafarsu da hannu.

A 1973 Claudia Zaslavsky, malamar lissafi a Amurka, ta gabatar da hatiman al-Kashnawi cikin littafinta a kan lissafin Afirka. Ga shi ɗalibai a nesa sun san sunansa, yaron da ya tashi kusa da zauren da ake zana hatimin kuwa yana iya gama sakandare yana zaton lissafi da falaki tare da Bature suka zo. Kundaye da dama suna kwance cikin adakoki, gara da ɗigar ɗaki suna cinsu, magada kuma wani lokaci sukan yar da su don tsoron abin da ke ciki. A Yamai, sashen rubutun Larabci da ajami na cibiyar IRSH, wanda ya tsiro daga tarin Bubu Hama, yana adana dubban irinsu. Malamin makaranta da zai zana gida tara a allon aji, ya sa yara su nemo 15 da kansu, sa'an nan ya faɗa musu sunan Bakatsinen da shekararsa, bai koyar da duba ba, tarihin ƙasarsu ya koyar. Ƙungiyoyin al'adu na Tawa kuma suna da aiki a gabansu: bin gidajen malamai, da izinin masu su, a rubuta sunan kowane kundi tun gara ba ta riga su ba.