Daniel Gordon da Tarihin Ƙwallo Daga Bakin Shaidu

Ranar 19 ga Yuli, 1966, a filin Ayresome Park da ke Middlesbrough a Ingila, Koriya ta Arewa ta doke Italiya da ci ɗaya mai ban haushi a gasar cin kofin duniya. Pak Doo-ik ne ya jefa ƙwallon. A zagayen kwata fainal sun zura wa Portugal uku kafin Eusébio ya ci huɗu shi kaɗai, aka tashi 5-3. Daga nan suka koma gida, aka daina jin ɗuriyarsu, sai jita-jitar cewa an ɗaure su.

Shirun nan ne ya ja hankalin Daniel Gordon, ɗan garin Sheffield wanda ya fara aiki a tashar Sky Sports. Shi da abokin aikinsa Nicholas Bonner sun yi shekaru suna neman izinin shiga Pyongyang. Da suka samu, suka zauna da 'yan wasa bakwai da suka rage a raye, fim ɗin The Game of Their Lives ya fito a 2002. A cikinsa tsofaffin suna tuna yadda mutanen Middlesbrough suka riƙe su tamkar 'yan gida, kuma a shekarar suka sake ziyartar garin.

Tun daga nan salonsa ya fito: ya nemo wanda abin ya faru a kan idonsa, ya bar shi ya yi magana. Hausawa kan ce waƙa a bakin mai ita ta fi daɗi.

Aikinsa mafi nauyi kuwa a gida ya same shi. Gordon magoyin bayan Sheffield Wednesday ne, kuma a filinsu na Hillsborough ne turmutsutsu ya yi sanadin mutuwar magoya bayan Liverpool 97 a wasan da aka yi ranar 15 ga Afrilu, 1989. 'Yan sanda suka ɗora laifin a kan 'yan kallo, wasu jaridu suka yaɗa. Sai a 2012 wani kwamiti mai zaman kansa ya gano cewa an sauya bayanan 'yan sanda 164.

Gordon ya tattara iyalan mamata, da waɗanda suka tsira, da ƙananan 'yan sandan da suka yi aiki ranar. Tashar ESPN ta nuna fim ɗin Hillsborough a Amurka a 2014, amma ba a haska shi a Birtaniya ba saboda kotu na sake binciken musabbabin mutuwar. Ranar 26 ga Afrilu, 2016, masu taya alƙali yanke hukunci suka ce kisa ne ba bisa ƙa'ida ba, kuma 'yan kallo ba su da laifi. BBC ta nuna fim ɗin a watan Mayu, ya kuma ci kyautar BAFTA a 2017.

Iyalan sun jira wannan hukunci shekara 27, wasu iyayen har suka rasu ba su ji shi ba.