Me ya sa alƙali ke maida mai ƙarar gona wurin mai gari?

Jama'a, da damina ta ƙarato, saƙonnin da kuke aiko mana kusan iri ɗaya ne: mutum ya biya kuɗin mota daga ƙauye zuwa kotun Maraɗi ko Damagaram kan rikicin gona, aka ce mai ya koma ya kawo takardar sarki. Wasu na ɗauka an ci hanci ne. To, doka ce ta ɗaure hannun alƙali, kuma ɗaurin yana da tarihi.

Bayan samun ƴancin kai, gwamnatin Diori Hamani ta so rage ƙarfin sarakuna a kan ƙasa. A watan Maris na 1962 aka yi dokar da ta soke gatan da ke kan gonakin sarauta. A wannan watan dai aka yi dokar tsarin kotuna mai lamba 62-11, wadda ta ce rikicin gona da al'adar masu ƙara za a yanke shi, sai fa in filin yana da rajistar hukuma. Shi ya sa har gobe za ku ga dattawa masana al'ada zaune gefen alƙali. Shi ya karanci dokar Faransa, su kuwa sun san bambancin aro da jingina da gado.

Sai Seyni Kunce ya karɓi mulki a 1974. Ran 18 ga Disamba na wannan shekara ya sanar cewa gona ta wanda ke noman ta ce, ko ta wace hanya ta zo hannunsa. Maganar ta yi daɗi a kunnen talaka, amma jawabi ne, ba a bi shi da dokar da za ta fayyace komai ba. Wanda kakansa ya karɓi aro ya daina kai damen hatsin da ake kaiwa bayan girbi, alhali wannan damen shi ne shaidar mai gona. Masu gona kuma suka shiga tsoron bada aro. Ƙararraki suka yi yawa har a 1977 ma'aikatar cikin gida ta hana jami'an mulki da sarakuna sa baki a rikicin gonaki. Rikicin bai mutu ba, kwanciya ya yi. Da Kunce ya rasu a 1987, jikokin masu gona suka fara tashi da tsofaffin maganganu, zuwan jam'iyyu kuma ya ƙara ma wutar iska.

Mu mutanen Maraɗi ba mu manta da Toda ba. A Oktoba 1991, rikicin manoma da makiyaya a yankin Gidan Rumji ya ci rayuka sama da ɗari, akasari mata da yara. Ana cikin wannan yanayi ne aka sa hannu kan dokar tsarin karkara, Code Rural, ran 2 ga Maris 1993.

Aya ta 149 ta wannan doka ita ce ke maida ku gida. Ta ce kafin a shiga shari'a dole a gwada sulhu gaban sarakunan gargajiya, a rubuta sakamakon a takarda, wadda muke ce ma PV. In babu ita, alƙali ba zai taɓa maganar ba, komin gaskiyarka. Amma a kula da kyau, don nan ake cutar mutane: sarki sulhu yake yi, ba hukunci ba. In ba ka yarda ba, kana da ikon ƙin sa hannu, a rubuta cewa sulhu bai yiwu ba, ka ɗauki takardar ka wuce kotu. Kwamitin filaye na COFO shi ma ba kotu ba ne. Aikinsa bada takardun sayarwa, kyauta, aro da jingina, da shata burtali da makiyaya.

A ganinmu tsarin yana da hikima, don mai gari ya san gamjin da ya raba gonar wane da ta wane, alƙalin da aka turo daga Yamai bai sani ba. Amma yana da rami. Ina mutum zai nufa in gidan sarautar ne ke jayayya da shi? Ko bazawarar da ƴan'uwan mijinta ke zaune a fada kullum? Jan ƙafa wajen bada PV kaɗai ya isa damina ta wuce wani na shuka a gonar.

A 2004 sabuwar dokar tsarin kotuna ta tanadi kotuna na musamman don filayen karkara, sai dai sun daɗe a kan takarda, kotunan da muka saba ne suka ci gaba da ɗaukar nauyin. A 2010 kuma dokar kiwo ta ƙara wani mataki: ɓarnar dabbobi a gona sai ta bi ta kwamitin sulhu mai wakilan manoma da makiyaya daidai wa daida, ƙarƙashin sarki, kafin ta kai gaban alƙali.