Bayan an sallame shi daga asibiti, wa ke karɓar jinya?

Jama'a, tunda ana ta maganar asibitocin da Daura ta samu, irin na sojojin sama da aka buɗe a 2019, bari in taɓo abin da ba a cika kawowa ba: halin mara lafiya bayan sallama.

A da, jinya ta gida ce daga farko har ƙarshe. Mai ɗori ya ɗaure karaya, ya riƙa zuwa dubiya, har ranar da zai ce a ba shi sanda ya fara takawa. Tsofaffi su yi gashi da ruwan zafi, a murza da man kaɗanya. Akwai ɓarna, ba na musu, an sha yanke hannun yaro saboda an matse ɗori. Amma mai ɗori ba ya sakin mutum sai ya ga ya miƙe.

Gashin ƙashi irin na asibiti kuwa yaƙi ne ya kawo mana shi. A 1945 aka kawo Turawa biyu asibitin Igbobi da ke Legas domin sojojin da suka dawo daga Burma da raunuka, kuma 'yan Arewa na da yawa a rundunar. Asibitin ƙashi na Dala a Kano ya biyo baya a 1959, Jami'ar Ibadan ta fara digirin fannin a 1966. Wato tun farko a manyan birane aka dasa abin, can kuma ya zauna.

To yau fa? Dattijo daga Baure ko Zango ya samu shanyewar ɓarin jiki, ko matashi ya karye a kan babur. Ya kwana biyu a gado, a sallame shi, a ce ya riƙa dawowa gashi. Kuɗin mota, da mutum biyu masu ɗaukarsa. Zuwa uku, aljihu ya ce a'a. Hannu ya sandare, gyambon kwanciya ya fito, ɗawainiya ta koma kan matarsa da 'yarsa da ba wanda ya nuna musu ko yadda ake juya shi.

Mu ma'aikata mun san abin da ke saurin shiga kasafi: gini, gadaje, motar asibiti, abin da za a yanka wa ƙyalle. Ni dai roƙona ɗaki ɗaya ne a asibitin kowace ƙaramar hukuma biyar ɗin masarautar nan, da ma'aikacin gashi mai babur da zai bi mutane gida, ya koya wa masu jinya.