Fim ɗin Serengeti na 1959

Serengeti darf nicht sterben, wato Kada Serengeti ta Mutu, fim ne na namun daji da Bajamushe Bernhard Grzimek, shugaban gidan namun daji na Frankfurt, ya shirya tare da ɗansa Michael a Tanganyika, Tanzaniya ta yau. A lokacin Turawan Ingila na shirin sake shata iyakar gandun dajin Serengeti. Uba da ɗa suka riƙa shawagi ƙasa-ƙasa cikin ƙaramin jirgi mai zane irin na jakin dawa, suna ƙirga dabbobi har kusan 367,000, don su nuna cewa sabuwar iyakar za ta bar hanyar ƙaurar garkuna a waje. A Janairun 1959 jirgin ya yi karo da ungulu, Michael ya rasu yana ɗan shekara 24, aka binne shi a bakin kwarin Ngorongoro. Fim ɗin ya fito a shekarar, ya kuma ci lambar Oscar a 1960.

Babban aibinsa shi ne yadda ya nuna dajin tamkar wurin da bai kamata ɗan Adam ya zauna ba, alhali makiyayan Masai sun daɗe suna kiwo a can, suna ƙona ciyawa da rani don sabuwa ta tsiro. A 1959 ɗin nan aka fitar da su daga gandun zuwa yankin Ngorongoro, kuma Grzimek na cikin masu ganin cewa gandu ba wurin mutane ba ne.

Masu kare fim ɗin kan ce shi ya jawo hankalin duniya da kuɗin masu yawon buɗe ido. Gaskiya ne, kuma ba ƙaramin aiki ba ne. Amma abin da ya fi farfaɗo da garkunan daga wajen shanu ya zo. Cutar bushiya, wadda ta halaka dukiyar Masai da ta Fulani a wajajen 1890, takan tsallaka daga shanu zuwa dabbar da Suwahili ke kira nyumbu. Da aka yi wa shanun kewayen gandun allurar rigakafi, cutar ta ɓace daga namun daji a farkon shekarun 1960, nyumbu kuwa suka haura miliyan ɗaya kafin ƙarshen shekarun 1970. Lafiyar dabbobin da Grzimek ya ƙirga tana ɗaure da lafiyar shanun mutanen da aka kora.