Yadda ake jera gwanayen tanis na duniya

Kafin 1973, hukumomin ƙasashe da masu shirya gasa ne ke zaɓar wanda zai buga, lamarin da ya buɗe ƙofar son kai. Ƙungiyar ƙwararrun 'yan wasan tanis maza, ATP, ta sauya tsarin ranar 23 ga Agusta, 1973, da ta fitar da jerin farko na kwamfuta, Ilie Nastase ɗan Romaniya yana kan gaba.

Ana lissafi ne da makin makonni 52 da suka gabata. Lashe ɗaya daga manyan gasanni huɗu, irin Wimbledon, yana kawo maki 2,000, amma da shekara ta zagayo sai su zube. Matsayin ɗan wasa shi ke buɗe masa ƙofar shiga gasa kai tsaye. Novak Djokovic ya shafe makonni 428 a matsayin na ɗaya.

Ɗan Najeriya Nduka Odizor ya kai na 52 a 1984. Sai dai gasannin cikin gida, irin Dala Hard Court ta Kano, ba sa cikin lissafin. Matashin da ke atisaye a Kaduna, komai gwanintarsa, sai ya nemo kuɗin tafiya gasannin da ATP ko hukumar tanis ta duniya, ITF, suka amince da su kafin sunansa ya shiga jerin.