Zomon Bernard da Lomar Farko

A ƙarshen shekarun 1840, a birnin Faris, masanin aikin gaɓoɓin jiki Claude Bernard ya ciyar da zomo abinci mai maiƙo, sannan ya buɗe cikinsa. Ya san cewa siraran jijiyoyin da ke kwashe kitse daga hanji sukan yi fari kamar madara bayan cin abinci. A jikin kare, farin yakan bayyana tun daga farkon ƙaramin hanji. A jikin zomo kuwa, bai bayyana ba sai can ƙasa, daidai inda bututun fankiriyas ke zubar da ruwansa. Daga nan Bernard ya gane cewa kitse ba ya narkewa sai ya gauraya da ruwan wannan gaɓa da ke kwance a bayan tumbi.

A shekarun 1870 Wilhelm Kühne na Jamus ya ware ɗaya daga cikin sinadaran ruwan, ya raɗa masa suna tirifsin, ya kuma ƙago kalmar inzayim. Likitoci suka shiga ba wa marasa lafiya garin fankiriyas na dabbobi. Bukatar ta ƙaru bayan 1938, lokacin da Dorothy Andersen ta bayyana cutar sistik faiburosis a New York, cutar da ke toshe bututun gaɓar tun ana jariri, yaro ya yi ta ci yana ramewa, bayan gidansa na fita da maiƙo.

Amma garin bai cika biyan bukata ba, kuma an daɗe ba a auna girman asarar ba. A 1973 Eugene DiMagno da abokan aikinsa a asibitin Mayo na Amurka suka nuna cewa maiƙo ba ya fitowa a bayan gida sai lifez, sinadarin da ke narkar da kitse, ya ragu ƙasa da kashi 10 cikin 100. A 1977 suka bi sawun maganin da aka haɗiya, suka tarar kaɗan ne daga cikin lifez ke isa hanji da ƙarfinsa, domin tsamin tumbi na lalata shi. Mafitar da aka samu ita ce cika kafso da ƙananan ƙwayoyi masu rufi, wanda ba ya narkewa sai tsamin ya ragu a hanji. Shi ya sa ake hana tauna su ko niƙa su: rufin na fashewa, maganin ya lalace, baki kuma ya yi gyambo.

Nasarar ta jawo wuce gona da iri. A 1994 likitoci a Libaful suka ba da rahoton yaran da babban hanjinsu ya tsuke bayan shan kafso masu ƙarfi sosai. Daga baya aka sa iyaka ga masu sistik faiburosis: kada a wuce ma'auni 2,500 na lifez ga kowane kilo na nauyin jiki a ci ɗaya, ko 10,000 a yini.

Sauran tambayar ita ce lokaci. A 2005 Enrique Domínguez-Muñoz da tawagarsa a Santiyago ta Sifen suka gwada sha kafin ci, da lokacin ci, da bayan ci. Narkewar kitse ta fi kyau ga waɗanda suka sha tare da abincin ko da zarar sun gama. Saboda haka ake koya wa majiyyaci ya haɗiyi kafso da lomar farko, da ruwa mai sanyi maimakon shayi mai zafi, ya raba sauran a tsakiyar cin idan zaman zai yi tsawo, kuma kada ya manta da ɗan abin taɓawa mai maiƙo ko kofin madara. Wanda ya sha da sassafe cikinsa wayam, kamar sauran magunguna, ya yi asarar kafso, domin kafin abinci ya iso maganin ya wuce.

Har yau daga fankiriyas na alade ake samar da maganin, kuma malaman Musulunci da dama sun halatta shi bisa larura idan babu madadi. Ka'idar shansa kuwa tana nan yadda Bernard ya gan ta a hanjin zomo: sai sinadarin da abincin sun haɗu a wuri ɗaya, a lokaci ɗaya.